Cibiyar Da Aka Rataye A Iska

SHAFI NA 23

Masu cewa na cika jan rai, duk na ga saƙonninku, har da wadda ta ce ta ƙona girki tana jiran wannan shafi. Allah ya ba ki haƙuri, ya ba maigidanki. To a gyara zama, yau Tela ta shiga kamfani.

*

Maganin ɗiga wa ido ne ya kai ta, ba wani abu ba. Mijinta Mai Zane ya mance shi a kan keken ɗinkinta da safe, ita kuma ta san in ya wuce ƙarfe goma sha ɗaya bai ɗiga ba, kansa zai yi ta sarawa har yamma. Ta jefa kwalbar a jaka, ta yafa mayafi, ko tef ɗin awon da ke wuyanta ba ta tuna ta cire ba.

Ta kama hawa benen kamfanin. Shekara goma sha huɗu mijinta yana zana musu keken marasa lafiya da gadajen asibiti a kwamfuta, irin zanen da ake juya abu a gan shi ta kowane gefe kafin a yanka ƙarfe. Amma wata bakwai ke nan da hawan jinin ido ya cinye masa gani daga gefe-gefe, ya bar shi kamar mai leƙe ta ramin makulli. Ya roƙi a bar shi ya riƙa aiki daga gida, aka yarda, sai rana irin ta yau da za a nuna aiki yake shigowa. Abin da kamfani bai sani ba, tun daga lokacin shi baki ne kawai, ita ce hannu. Yana faɗa tana dannawa, har ta kai ta daina jiran ya faɗa.

In asirin nan ya tonu, aikinsa ya tafi. Wannan ta sani kamar yunwar cikinta.

Tun kafin ta kai ƙofar ɗakin zane ta jiyo muryar Oga.

"Malam, magana nake maka! Me nake gani a nan?"

Ta tsaya a bakin ƙofa.

An jona kwamfuta da babbar talabijin ta bango. A ciki ga keken da suka yi sati uku suna zanawa, da mutum-mutumi zaune a kai. Sai dai majinginar keken ta haukace. Maimakon ta kwanta baya a hankali, wulwulawa take a tsakiyarta kamar fanka, tana ratsa cikin mutum-mutumin tana fita ta ƙirjinsa.

Likitar da ta ba da aikin kekuna arba'in saboda marasa lafiyarta tana zaune ta harɗe hannu, fuskar nan ba annuri. Baba mai walda ya jingina da bango, tabarau ɗin walda a goshi. Mai Zane kuwa yana gaban kwamfuta, hannunsa a kan linzamin kwamfutar, bai motsa ba.

Injiniya ne ya yi gyaran murya. Sabon ɗauka ne, watansa biyu a kamfani, amma in yana magana sai ka rantse shi ya haƙa harsashin ginin.

"Oga, bari in yi bayani. Jiya na buɗe fayil ɗin domin in share shi kafin Likita ta zo. Sai na tarar da kuskure babba. Kowane yanki a zane yana da cibiyar juyi, wato ɗigon da yake juyawa a kai. Ta majinginar nan ba ta jikin ƙarfe sam. Tana rataye a iska, a cikin jikin mai zama! Shi ne na danna na mai da kowace cibiya tsakiyar yankinta."

"Shi ya sa take wulwulawa ke nan," in ji Baba mai walda.

"Wannan ƙaramin abu ne, Baba. Yanzu zan sauke ta kusurwa, inda majingina ta haɗu da mazauni, inda kowa yake sa hinjis, irin na ƙofa."

Ya miƙa hannu ta kan kafaɗar Mai Zane, ya yi 'yan danne-danne. Majingina ta daina wulwulawa, ta kwanta baya lafiya lau. Ya juyo yana murmushi kamar wanda ya ceto yaro daga rijiya.

Likita ba ta yi murmushi ba.

"Ba wannan aka nuna mini ba."

"Likita, ai wannan ya fi..."

"Na ce ba shi ba ne. Irin wannan ina da su cike da sito. Bidiyon da aka turo mini wancan satin, bayan mai zama da majinginar tare suke tafiya. Saboda shi na zo. In babu shi, ku faɗa mini in tashi, ina da marasa lafiya suna jira."

Oga ya share zufa. Ya dubi Injiniya.

"Mai da shi yadda yake."

"Ai... na riga na adana a kan tsohon."

Garin neman gira ke nan.

Oga ya juya kan Mai Zane, muryarsa ta sauka, ta koma lallashi.

"Malam, kai ka sa ta a can, kai ka san dalilinka. Mai da ita. Minti biyu ne a wurinka. Baba yana jira ya yanka ƙarfe yau."

Mai Zane ya ce, "To."

Tela ta ga ya matso da fuskarsa kusa da allon kwamfuta. Ta ga yana karkaɗa linzami hagu da dama, yana neman 'yar kibiyar nan da ta ɓace masa. A gida, in ya yi haka, takan ɗora yatsa a kan allo ta ce ga ta nan. A nan ba mai ɗora masa yatsa.

Ya danna. Tayar baya ce ta yi haske.

Ya sake dannawa. Hannun turawa ya yi haske.

"Majingina, Malam," in ji Oga.

"Ina sane."

Injiniya ya ɗan yi dariya ta hanci.

Wallahi dariyar nan ce ta shigo da ita ɗakin. Ba ta shirya ba, ba ta yi shawara da zuciyarta ba, sai jin bakinta ta yi yana sallama.

Duk suka juyo.

"A'a, uwargida ce?" in ji Oga. "Ki ɗan jira a waje, muna cikin..."

"Saƙo na kawo wa Abban yara." Ta ajiye jaka a gefen teburin, ba ta fito da kwalbar ba. Ta dubi Injiniya tun daga takalmi har kwalar riga. "Ƙanena, kai ne ka ce cibiyar kuskure ce?"

"Madam, wannan maganar aiki ce."

"Na ji. Ga tsohon keke can a lungu, hinjis ɗinsa a kusurwa yake, irin yadda kake so. Zo ka zauna."

"Ni?"

"Kai fa. Ko tsoro kake ji?"

Mai Zane ya kamo gefen mayafinta, ya ce ƙasa-ƙasa, "Telata, bari."

Ta ji shi sarai. Ta zare mayafin a hankali.

Likita ta warware hannuwanta. "Ku bar ta. Zauna, Injiniya."

Ya zauna yana hura hanci, farar rigarsa a soke cikin wando, an goge ta har tana ɗaukar ido. Tela ta laluba jaka ta ciro shuɗin allin da take zana yadi da shi. Ta ja layi ɗaya daga kafaɗar rigarsa zuwa kan majingina.

"Rigata!"

"Yana fita da ruwa. Baba, don Allah kwantar mana da shi."

Baba mai walda ya zo da saurinsa, har da naɗe hannun riga. Ya saki maƙallin, ya kwantar da majinginar baya.

Layin nan ya rabu biyu. Rabin da ke jikin riga ya tsaya, rabin da ke jikin majingina ya gudu ya bar shi. Rigar Injiniya kuwa ta tattare, ta zare daga wando, singileti ya leƙo yana gaida jama'a.

Baba ya ƙyalƙyale da dariya har da buga cinya.

Tela ta zaro tef daga wuyanta ta auna tsakanin layukan.

"Inci uku," ta ce. "Ka ji abin da ya goge ka a baya?"

Injiniya yana ta kiciniyar mai da riga.

"Kai lafiyarka ƙalau, ka ji, za ka gyara zama. To wanda rabin jikinsa ya mutu fa? Ba ya ji, ba ya iya gyarawa. Sau goma a rana ana kwantar da shi ana tayarwa, sau goma ana goge masa baya inci uku. Riga ba ta da ciwo, ƙanena. Fata ce take saluɓewa."



"Shekara shida na yi jinyar mahaifiyata a kan irin keken nan," ta ce. "Ba shanyewar jiki ce ta fi ba ta wuya ba. Gyambon bayanta ne. Kullum ina wankewa ina kuka, ina zargin kaina, ashe keken ne."

Likita ta gyaɗa kai a hankali. "Ci gaba, 'yar'uwa."

"Mutum ba a kusurwar kujera yake lanƙwasawa ba. A gaɓar ƙugu yake lanƙwasawa. Duk telan da ya taɓa yanka wando ya san wannan, in ka sa lanƙwasa inda ba nan jiki yake karyewa ba, mai wando yana sunkuyawa za ka ji ɓarrr. To ita ma majingina haka. In ana so ta bi bayan mutum ba tare da ta goge shi ba, dole ta juya a inda shi yake juyawa."

Oga ya dube ta, ya dubi mijinta, ya sake dubanta.

"Malam ne ya yi miki wannan bayani a gida?"

"Shi ya koya mini komai," ta ce. Kuma ba ƙarya ta yi ba.

Injiniya ya samu ya soke rigarsa, ya samu bakin magana.

"Baki kowa yana da shi. Manhajar nan shekara huɗu na yi ina karanta ta a makaranta. Ba keken ɗinki ba ce."

Da ya yi shiru da ya fi masa.

Mai Zane ya ture kujerarsa baya. Ya miƙe, ya dafa teburin, ya ce, "Zauna, Telata."

"Abban yara..."

"Zauna, na ce."

Ta zauna. Kujerar da ɗuminsa. Ta goge tafin hannunta a zani, ta yi bisimilla, ta kama linzami.

Da farko ta juya zanen ya koma kallon gefe, yadda za a ga mutum-mutumin kamar an yanka shi biyu. Ta danna majingina sau ɗaya, ta yi haske. Kibiyoyi uku suka fito a kusurwa, ja da kore da shuɗiya, inda Injiniya ya bar su. Ta danna maɓallin da ke sakin cibiya daga jikin yankin, yadda za a ja kibiyoyin su kaɗai, ƙarfen yana nan inda yake.

Ba ta ja da ido ba. Mai Zane ya hana ta wannan tun satin farko, ya ce ido ba mudu ba ne. Lamba ta rubuta. Inci uku da rabi sama. Inci huɗu gaba. Kibiyoyin suka yi tsalle suka sauka daidai kan gaɓar ƙugun mutum-mutumin, a inda babu ƙarfe ko ɗaya.

"Kulle ta kafin ki juya," in ji Mai Zane daga bayanta.

"Na kulle."

Ta ɗiga jan ɗigo a bayan mutum-mutumin, ta ɗiga wani a jikin majingina, suna haɗe. Sannan ta kama zoben juyawa ta ja.

Majingina ta kwanta. Ɗigo biyun nan suka tafi tare kamar an ɗinke su. Ta tayar, suka dawo tare. Ta sake kwantarwa har ƙarshe, ko gezau.

"Shi ne!" Likita ta miƙe tsaye. "Wannan shi ne abin da na gani!"

Tela ba ta tsaya ba. Ai Injiniya ba majingina kaɗai ya ɓata ba. Ta bi matakin ƙafa ta mai da cibiyarsa daidai gwiwa. Ta bi madafan hannu, ta bi ƙananan tayoyin gaba da suka koma juyi kamar masu maye. Yanki goma sha ɗaya, ɗaya bayan ɗaya, ba ta buɗe takarda ba, ba ta tambayi kowa ba. Yatsunta suna tafiya irin yadda suke tafiya a kan yadi ranar da aiki ya yi mata yawa.

Ni kaina da nake ba ku labarin nan, kaina ya fasu.

Baba mai walda ya matso har numfashinsa yana taɓa allo.

"'Yata, na ga aiki. Amma ni ƙarfe nake haɗawa, ba iska ba. A ina zan ɗaura ƙusa? A cikin ƙugun mutum?"

"A'a Baba. Kunne biyu za ka tayar, ɗaya a dama ɗaya a hagu, su tsaya a gefen ƙugunsa. Ƙusa a nan, ƙusa a nan." Ta juya zanen ta nuna masa. "Layin juyin ne yake ratsa mutum, ƙarfen yana waje."

Baba ya ƙura wa zanen ido. Ya cire tabarau daga goshi, ya sosa furfura.

"Shekara talatin ina walda hinjis a kusurwa," ya ce. "Kai! Allah ya yi miki albarka."

Injiniya ya ja da baya. Ya koma lungu ya tsaya kusa da tsohon keke, da shuɗin layi a kafaɗa.

Likita ta ɗauki jakarta. "Ku yanka ƙarfe. Kuma arba'in ɗin nan somin taɓi ne, in na farko ya fito yadda na gani." Ta tsaya a gaban Tela. "A wace makaranta kika yi karatun nan?"

Tela ta sunkuyar da kai. Sai a lokacin ta gane abin da ta aikata.

Oga ya raka Likita har bakin bene, ya dawo, ya rufe ƙofa. Fara'ar da ya fita da ita bai dawo da ita ba.

"Malam."

"Na'am, Oga."

"Yatsu nawa na ɗaga?"

Oga yana tsaye ne a gefen daman Mai Zane, taku uku kacal. Mai Zane ya juya kai yana neman inda muryar take.

Tela ta yi zumbur ta miƙe. "Oga, gajiya ce, jiya bai..."

"Bari, Telata." Mai Zane ya gyara tsayuwa, ya gyara zaman hularsa. "Ban gani ba, Oga. Ko hannun ban gani ba."

"Tun yaushe?"

"Wata bakwai."

"Gadon nan mai tashi da kansa da muka kai wancan watan?"

"Ita ce."

"Keken yara?"

"Ita ce. Da farko ina faɗa tana yi. Wannan cibiyar kuwa ba ni na faɗa ba. Ranar da ta sa ta a iska, faɗa na yi mata, irin wanda Injiniya ya yi yau. Sai da ta zaunar da ni a kujerar falo ta shafa mini alli."

Baba ya so ya yi dariya, ya haɗiye.

"Ka yaudare ni, Malam," in ji Oga.

"Na ɓoye maka, kuma ban kyauta ba. Tsoro ne ya sa. Amma ka duba duk aikin da ya fito daga gidana a wata bakwai, in ka sami guda da aka dawo da shi, ka hukunta ni a kansa." Ya ɗaga kai, idon nan da ba ya gani yana sheƙi. "Mutum tara na koya wa aiki a teburin nan, Oga. Masu digiri da masu difloma. Ban taɓa yaye wanda ya fi ni ba sai ita. Ka kore ni in ka ga dama, amma yau ba na jin kunyar kowa."

Hawaye suka zubo wa Tela. Shekara goma sha bakwai da aurensu, bai taɓa yabonta a gaban mutane ba, ko a kan ɗinki.

Oga ya dubi talabijin, inda keken yake tsaye da kibiyoyinsa uku. Sannan ya yi magana a hankali.

"Tebur ɗaya gare ni a ɗakin nan, kuma ba zan bar shi a hannun wanda ba ya gani ba. Ba mugunta ba ce, Malam, rayukan mutane ne a kan ƙarafan nan. Ba ni katinka."

Mai Zane ya laluba wuyansa ya ciro katin aiki mai igiya. Gefensa duk ya cinye don daɗewa. Bai miƙa wa Oga ba. Ya lalubo hannun matarsa, ya buɗe tafin, ya ɗora mata, ya rufe yatsunta a kai da nasa.

"Abban yara, wallahi ba don haka na shigo ba," ta ce cikin kuka. "Don in rufa maka asiri na shigo."

"Na sani."

"Ni zan raba ka da aikinka? Da hannuna?"

"Ba ke ba ce. Ido ne."

Oga ya duba agogo.

"Uwargida, Baba zai kunna wuta bayan azahar, kuma dole wani ya sa hannu a takardar zanen nan kafin a yanka. Ba na son dogon zance. In kin zauna a kujerar, Malam ya bar ta ke nan har abada. In kin ƙi, ku tafi gida ku biyun, in ba wa Injiniya teburin."

Ya zaro biro daga aljihu, ya cire murfin, ya miƙo mata.

"Sa hannu, Telata," in ji Mai Zane.

Bakinsa ne ya faɗa. Amma hannunsa, wanda ke riƙe da nata a kan katin, ya ƙi saki.